Takardar da Takwarana Ya Sa wa Hannu

Ni da ɗan baffana sunanmu ɗaya. A gida guda aka haife mu cikin Birni, a shekara guda, ya riga ni da wata huɗu, kuma dukanmu sunan kakanmu aka sa mana, mutumin da ya zo daga Barno da sana'ar dukanci. Iyayenmu tagwaye ne, sunayensu kuwa kowa ya san yadda suke kama. In aka rubuta sunana da na mahaifina da rubutun boko, aka ajiye kusa da nasa, sai mai natsuwa ne zai raba su. Ni da shi ba mu taɓa kiran juna da komai ba sai Takwara.

Tun muna yara yake gabana. Ba wai mugu ba ne, da ma mugun ne da na samu sauƙi. A lekwal, makarantar boko, shi ake ba alli ya rubuta a allo. A rumfar kakanmu, in muka yanka fata tare, tasa ake ɗagawa a nuna wa baƙi. Da muka girma kowa ya buɗe wurinsa, ni na zauna cikin lungu a Birni inda babur ma sai ya yi dabara yake shiga saboda rairayi, shi ya kama shago a bakin kwalta, ya sa ƙofar gilashi. Duk safiya in zan je majema sayen fata sai na bi ta gabansa, ko da yake akwai hanyar da ta fi kusa. Ina so in ga mutum nawa ne a ciki.

Wata shekara ya samu aikin ɗinka jakunkunan taro, irin waɗanda ake raba wa ma'aikata in an yi zaman kwana uku a otal. Ɗaruruwa. Na bincika yadda aka yi, aka ce mini ba a ba mutum irin wannan aiki sai yana da takardar shaida daga asusun jin daɗin ma'aikata, wanda muke kira kes, cewa ya rubuta mutanensa kuma yana zuba musu kuɗi. Na tambayi mutum nawa Takwara ya rubuta. Aka ce shida. Cikin makon na je na rubuta bakwai.

Gaskiyar magana, huɗu ne ma'aikatana na kullum. Sauran ukun masu zuwa ne in aiki ya yi yawa, gaban salla ko lokacin bukukuwa. Matata ta ce, "Malam, waɗannan ukun fa ba naka ba ne." Na ce mata ai za su zama nawa in aiki ya buɗe.

Aiki bai buɗe ba. Sau ɗaya aka ba ni jaka arba'in, shi ke nan. Na zuba kuɗin kes sau biyu, sannan fata ta yi tsada, masu saye suka ragu, na daina. Cikin mutum ukun nan, ɗaya ya koma noma garinsu Hamdara da faɗuwar damina bai sake dawowa ba, biyu suka tafi arewa haƙar zinariya. Ban je na gaya wa kowa ba. Ban ma san ana zuwa a faɗa ba.

Bayan kamar shekara biyu wani mai bincike daga kes ya zo. Dogo ne, siriri, da jaka baƙa wadda ba ta fata ba ce, abin da na fara lura da shi ke nan. Ya nemi littafin biyan albashi, na ce a ka nake riƙewa. Ya dubi mutum huɗun da ke aiki, ya dubi injinan ɗinkin fata uku da nake da su, ya yi rubutu. Na so in gaya masa zancen mutum ukun, ya ce, "Za a aiko maka da takarda. In ba ka yarda da abin da ke ciki ba, akwai inda ake kai kuka." Ya hau babur ɗinsa ya tafi. Na ji a unguwa cewa ranar ya zagaya wurare da dama, har da na Takwara, domin shi ma ashe ya yi baya da biya. Jin haka ya yi mini daɗi ƙwarai. Na ci tuwo da yawa ranar.

Takarda ba ta zo ba. Wata ɗaya, wata biyu, wata uku. Na ɗauka an manta da ni.

A wajen sunan jikar gwaggonmu na ji labarin. Muna zaune bisa tabarmi bayan an yi fatiha, ana raba goro da dabino, wani ya tambayi Takwara yadda ya ƙare da mutanen kes. Ya ce alhamdu lillahi. An aiko masa takarda, ya ga an ɗora masa tara mai yawa, ya rubuta ƙara cikin wa'adi ya kai. Aka sa masa rana. Kwamitin sauraren ƙara ya zauna, aka ba shi kujera, aka ba shi dosiyensa, tarin takardun da aka haɗa a kansa, ya duba shafi-shafi, ya kawo littafinsa da takardun asibitin da ya kwantar da matarsa wata biyu a shekarar. Aka yafe masa tarar duka, asalin kuɗin kuma aka yanka masa kashi-kashi.

"Wallahi mutanen kirki ne," in ji shi. "Har ruwan sanyi suka ba ni."

Mutane suka yi ta cewa madalla. Ni ma na ce madalla. Na ce a raina, ai dole, wanda ke ɗinka wa manyan ma'aikata jaka wa zai hana shi kujera.

Bayan kwana goma sha biyu wisiye ya zo wurina, wato mutumin da ake turowa da ikon kotu ya karɓi bashi. Da hantsi ne, lungu cike da mata masu dawowa daga famfo. Ya karanta mini takarda da Faransanci, ya fassara da Hausa: an aiko mini da gargaɗi, ban biya ba, ban yi ƙara ba, wa'adi ya wuce, yanzu magana ta zama ta karɓa. Ya faɗi kuɗin. Na zauna bisa kirgi, jemammiyar fatar da ke kusa da ni. Kuɗin mutum bakwai ne na tsawon lokacin duka, da tara a kai. Ko na sayar da duk abin da ke rumfar ba zai kai ba.

Na ce, "Wace takarda? Ni ban ga takarda ba."

Ya ce, "Alhaji, kowa haka yake cewa." Ban taɓa zuwa Makka ba, shi ma ya sani.

Ya rubuta injinan uku da lambobinsu, ya ce suna hannuna amana, kada in sayar, kada in gusar, zai dawo. Ma'aikatana suka sunkuyar da kai suna ta soka basilla kamar ba su ji ba.

Washegari na sa rigata mai kyau na je biron kes, wato ofishinsu. Na yi layi har kusan azahar. Mutumin farko ya ce wa'adi ya wuce, babu abin da za a yi. Na biyu ya ce in je in biya. Na ƙi tafiya, na tsaya a baranda, har wata mata mai tabarau da ke kula da sashen karɓar bashi ta fito za ta yi alwala ta gan ni. Ta ce in jira ta. Da ta idar da salla ta kira ni ciki.

Na ce, "Madam, ban ƙi biya ba. Amma ɗan'uwana an saurare shi, ni ba a saurare ni ba. Shi an ba shi kujera, ni an aiko mini mai ƙirga injina. Me ya fi ni da shi?"

Ta ce, "Bar zancen ɗan'uwanka, Malam. Naka za mu duba."

Ta sa aka kawo dosiyena. Ta zaro wata 'yar takarda, shaidar karɓar wasiƙa, ta juyo ta gabana. Ta ce, "Ga sunanka, ga ranar, ga sa hannu. Ba naka ba ne?"

Ina ganin sa hannun na gane shi. Dogon layi ne da ya lanƙwasa ya dawo ta ƙasa ya yi wutsiya, da ɗigo biyu a gefe. Na ga lokacin da Takwara ya ƙirƙiro shi, a bayan littafin lissafi, muna aji shida. Na yi mako guda ina ƙoƙarin yin irinsa a ɓoye ban iya ba.

Na ce, "Ba nawa ba ne."

"Ka san na wane ne?"

Na mayar mata da takardar. Sannan na ce ban sani ba.

Ta dube ni ta saman tabarau. Ta ce doka ba ta fara ƙirga wa mutum kwanakin ƙara sai daga ranar da takarda ta shiga hannunsa. In har ba ni na karɓa ba, to wa'adina bai ma fara ba, kuma duk abin da aka gina a kansa sai a dakatar. Amma bakina kaɗai ba zai isa ba. Sai wanda ya sa hannun ya rubuta cewa shi ya karɓa, ko ya zo ya faɗa. Ta ɗauki farar takarda ta rubuta mini abin da zan nema da inda zan kai, ta buga hatimi da ranar zuwana, ta haɗa mini da kofin shaidar, wato kwafinta, ta ce in riƙe kada in yar.

Kwana tara na yi ban je wurin Takwara ba.

Abin da na saƙa a raina cikin kwanakin nan, yau ina jin kunyar rubuta shi. Na ce da gangan ya yi. Ya karɓi takardata ya ɓoye don a rufe ni, ya sayi injinana da araha a gwanjo, ya kwashe ma'aikatana huɗu. Har na hango inda zai jera injinan a shagonsa. Wani lokaci kuma sai in san ƙarya nake yi wa kaina, sai wani abin ya fi wannan ciwo: in bai yi da gangan ba, to dole in je in roƙe shi, ya zo ya cece ni, dangi su ji. A riƙa cewa ba don wane ba da an rufe wane. Na fi son a ɗauke injinan.

Matata ce ta karya ni. Ta ajiye mini fura da rana ta zauna nesa kaɗan. Ta ce, "Malam, mutum huɗu ne suke cin abinci a rumfar nan, kowa da iyalinsa. Ka tambaye su ko sun yarda a rufe don kada ka gaishe da ɗan'uwanka?" Na jawo kwanon furar gabana. Ta ce, "In ba za ka je ba, ni zan je wurin matarsa gobe." Wannan ne ban iya ɗauka ba.

Na same shi yana auna fata da wani baƙo. Ya ce, "A'a, Takwara! Yau hanya ta biyo da kai ciki?" Ashe yana ganina duk safiyar da nake wucewa. Na jira baƙon ya tafi, na ajiye masa kofin shaidar a bisa tebur. Ya ɗauka ya duba, ya ce ai sa hannunsa ne. Sai ya sake duba sunan, ya matso da takardar kusa da idonsa. Na ga fuskarsa ta canja.

Ya buɗe kabad ya fiddo wani babban dosiye mai shuɗin bango, komai a jere, kowace shekara da rabonta. Ya yi ta buɗawa. Can ƙarshe ga ambulan ba a ko yage bakinsa ba. Ya ce ranar ɗan aiken kes ambulan biyu ya miƙa masa, ya sa hannu sau biyu, ya buɗe ɗaya ya ga tasa ce, ya ɗauka ɗayar kofi ce.

"Inna lillahi. Takwara, na cuce ka. Don Allah ka yafe mini. Me ya sa ba ka zo tun ranar da ka ga wannan ba?"

Na ce aiki ne ya riƙe ni. Idona yana kan dosiyen nan mai shuɗin bango. Ko a wannan lokacin, da ya tsaya gabana yana neman gafara, abin da ke raina shi ne ni ban taɓa mallakar abu mai tsari irin wannan ba.

Nan take ya rufe shago. Ya rubuta bayani da hannunsa, ya ɗauke ni a babur ɗinsa muka kai wa Madam tare da ambulan a rufe yadda yake. Ta ce kada a buɗe sai gabanta. Ta yage, ta miƙa mini, ta sa na sa hannu da ranar, ta ce, "Yau ka karɓa. Daga yau ake ƙirga maka." Aka rubuta wa wisiye ya dakata. Takwara ya ce zai rubuta mini ƙarar, na ce a'a. Na je wurin masu rubuta wasiƙa a bakin gidan waya na biya aka rubuta mini.

Ranar zaman, mutum huɗu ne a bayan tebur: wani dattijo mai furfura da ke shugabanta, wakilin masu ɗaukar ma'aikata, wakilin ma'aikata, sai kuma dogon nan mai baƙar jaka, wanda ya zo rumfata. An ba ni kujera. Ban ga ruwan sanyi ba, kuma na lura da hakan. Takwara yana zaune a benci bayana a matsayin shaida.

Kafin a fara, dattijon ya duba takardu ya juya wurin dogon. Ya ce, "Kai ka yi wannan binciken?" Ya ce shi ne, yau yana zaune ne a madadin wani da ya yi tafiya. Dattijon ya ce, "To ba za ka zauna nan ba. Aikinka ake ƙara a kai. Koma can, in muna da tambaya mu yi maka, shi ma mai ƙara ya yi maka." Dogon ya kwashe takardunsa ya koma gefe, kusa da taga. Ban taɓa ganin an tayar da ma'aikaci daga kujera saboda ni ba.

Aka kira Takwara ya faɗi yadda aka yi. Ya faɗa a taƙaice, bai kare kansa ba. Dattijon ya ce, "Allah ya yi maka albarka. Ba kowa ne zai rufe shagonsa ya zo ya ce ni na yi kuskure ba." Sauran suka gyaɗa kai. A zaman da aka yi domina, yabon farko shi ya samu.

Sannan aka ba ni dosiyena. Na ce Faransancina ya tsufa, wakilin ma'aikata ya matso ya karanta mini layi-layi da Hausa. A nan na fara jin yadda aka yi lissafin. Na yi bayanin mutum ukun. Dattijon ya tambayi dogon ko ya gan su ranar da ya zo. Ya ce huɗu ya gani, amma bakwai ne a rubuce, kuma ba a kawo sanarwar barin aiki ba. Aka tambaye shi ko ya tambaye ni inda sauran suke. Ya ce bai tambaya ba.

Sai wakilin masu ɗaukar ma'aikata ya ce, "Malam, rumfa mai inji uku, me ya kai ka rubuta mutum bakwai?"

Na ji Takwara ya gyara zama a bayana. Na ce na yi tsammanin aiki zai ƙaru. Ba ƙarya na yi ba, amma ba ita ce duka gaskiyar ba.

Aka ba ni mako biyu in kawo shaida. Na hau motar kasuwa na je Hamdara, na samu mutumin a gonarsa yana girbin wake, ya biyo ni wurin maigari aka rubuta shekarar da ya dawo gida, ya dangwala yatsa. Su biyun da suka tafi arewa, iyayensu suka zo da kansu suka faɗa.

Hukuncin ya zo a rubuce, shafi biyu, kowane abu da dalilinsa, kuma a ƙasa an rubuta inda zan kai in ban gamsu ba da kwanakin da nake da su. Wannan karon ɗan aike har cikin lungu ya shigo, ya nemi katin shaidata kafin ya ba ni. An cire mutum ukun daga lokacin da suka bar aiki. An soke kuɗin zuwan wisiye, domin ba a kai mini gargaɗi ba. Tara kuwa rabi aka yafe, aka bar mini rabi, saboda ba ni da littafin albashi kuma ban sanar da tafiyar mutanena ba.

Rabi. Shi an yafe masa duka.

Na koma wurin Madam da takardar na ce mata haka. Ta ce, "Malam, an saurare ka ko ba a saurare ka ba?" Na ce an saurare ni. "An nuna maka komai?" Na ce an nuna. "Akwai layi ɗaya a nan da ba gaskiya ba ne?" Na duba takardar, na daɗe. Babu. Ta ce in ina so in wuce gaba kotu hanya a buɗe take, za ta nuna mini yadda ake yi. Ban wuce ba.

Don in biya kashin farko sai da na sayar da inji ɗaya. Takwara ya ji, ya aiko mini cewa zai saya da kuɗin da na saye shi sabo, kuma in bar shi a rumfata in ci gaba da aiki da shi har in samu sarari. Na ce an riga an yi ciniki. Ba a yi ba. Bayan kwana uku na sayar wa wani mai gyaran sirdi da takalma daga Tirmini, ƙasa da abin da Takwara ya taya da kusan kashi ɗaya cikin uku. Matata ta yi kwana biyu ba ta yi mini magana ba sai gaisuwa.

Na gama biyan cikin shekara ɗaya da rabi. Yanzu ina da littafin albashi, ɗiyata ta fari ce take rubuta mini shi duk ƙarshen wata, kuma mutum huɗun suna nan, ɗayansu ma matarsa ta fara karɓar kuɗin yara daga kes. Dangi sun ji labarin, kamar yadda na yi tsoro, kuma yadda na yi tsammani suke ba da shi. Gwaggonmu takan ce, "Ai ɗan'uwa ya yi rana." Nakan ce haka ne, Gwaggo.

Bara da azumi Takwara ya samu aikin da ya fi ƙarfin shagonsa, ya turo mini jaka ɗari da hamsin in ɗinka, a raba riba. Na karɓa. Na zauna da kaina na yi ɗinkin bakin kowace ɗaya, ban bar wa kowa ba. Da aka kai, mai aikin ya ɗaga ɗaya daga cikin nawa ya ce wannan ɗinki ya yi kyau, na wane ne? Takwara ya ce na ɗan'uwansa ne, ya fi shi hannu tun suna yara. Shi da kansa ya zo ya gaya mini, yana murna. Na yi kwana biyu ina juya maganar, ina neman inda ya ɓoye rainin a cikinta. Ban samu ba.